Gwajin Kwamfuta Ya Isa Hujjar Cewa Mota Mai Tuƙa Kanta Ba Ta Da Haɗari?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ɗalibin injiniya ne a nan Kaduna, ina shekarar ƙarshe. Na karanta cewa kamfanonin motoci masu tuƙa kansu suna gwada su a cikin kwamfuta har tafiyar biliyoyin mil. Shin wannan ya isa hujja cewa motar ba za ta kashe mutane ba? Kuma idan ina so in yi aikina na kammalawa a kan irin wannan gwaji da titunanmu, daga ina zan fara?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Bai isa ba, amma kuma babu yadda za a yi a tsallake shi. Gwajin kwaikwayo a kwamfuta aikinsa tono aibi: yana nuna maka inda manhajar tuƙi ke faɗuwa, cikin arha, ba tare da an ji wa kowa ciwo ba. Abin da ba zai iya ba shi ne ya tabbatar maka aibin ya ƙare. Ƙimarsa tana rataye da irin lamuran da aka zuba a cikinsa, da kuma yadda aka auna shi da titi na gaske. Yawan mil ɗin da ake tallatawa shi ne adadi mafi ƙarancin amfani a cikin duk alƙaluman.

Dalilin da ya sa aka koma ga kwamfuta lissafi ne. A 2016 cibiyar bincike ta RAND a Amurka ta ɗauki adadin mutuwa a titunan ƙasar, wato mutum 1.09 a duk tafiyar mil miliyan 100. Ta nuna cewa kafin a ce, da tabbacin kashi 95 cikin 100, mota mai tuƙa kanta ba ta fi direba ɗan Adam kisa ba, sai ta yi mil miliyan 275, kimanin kilomita miliyan 440, ba ta kashe ko mutum ɗaya ba. Motoci 100 masu tafiya dare da rana a kan mil 25 a awa za su shafe shekara 12 da rabi kafin su kai nan. Idan ana so a nuna ta fi ɗan Adam da kashi 20 cikin 100, lissafin ya haura zuwa mil biliyan 11, kusan shekara 500. Ga shi kuma duk sanda aka gyara manhajar, direban ya canza, tsohuwar shaidar ta yi rauni. Shi ya sa kamfanin Waymo, wanda ya cika mil miliyan 20 a titi a farkon 2020, ya ce zuwa 2021 ya haura mil biliyan 20 a kwamfuta. Sai dai ka lura, kilomita 100 a miƙaƙƙiyar hanya babu kowa ba ta gwada komai. Mita 200 a gaban Kasuwar Sheikh Abubakar Gumi da ƙarfe biyar na yamma sun fi ta wahalar da manhaja.

Masu kafa doka ma ba su yarda da kwamfuta ita kaɗai ba. Dokar Majalisar Ɗinkin Duniya mai lamba 157, wadda ta fara aiki a Janairun 2021 ga motocin da ke riƙe layinsu da kansu har gudun kilomita 60 a awa, kafin a ɗaga zuwa 130 a 2023, ta amince a yi amfani da kwaikwayo ga lamuran da ke da wuyar gwadawa a zahiri, bisa sharaɗin mai ƙera mota ya nuna cewa sakamakon kwamfutarsa ya yi daidai da gwajin fili. Ana haɗa kwamfuta, da rufaffen filin gwaji irin Mcity na Jami'ar Michigan da aka buɗe a 2015, da titin jama'a, da kuma binciken yadda kamfanin kansa ke tafiyar da aikinsa.

Gwajin kwamfutar shi ma hawa-hawa ne. Da farko ana gwada dabarar lissafin kaɗai. Sannan ainihin manhajar da za ta shiga mota, a ɗora ta a kan kwamfutocin ofis, ta tuƙa motar ƙarya a garin ƙarya. Nan ne biliyoyin mil ke fitowa, domin ana iya kunna dubban kwafi a lokaci guda. Hawa na uku, a kawo ainihin akwatin kwamfutar motar a kan tebur, a jona masa wayoyi, a riƙa ciyar da shi hotunan ƙarya. Wannan hawan ne ke kama jinkiri da zafi da cunkoson saƙonni, waɗanda kwamfutar ofis ke ɓoyewa. Jinkirin kashi ɗaya cikin goma na sakan a gudun kilomita 100 a awa tafiyar mita 2.8 ce. Na ƙarshe, mota ta gaske tana gudu a fili babu kowa, ana shigar wa ƙwaƙwalwarta mutane da motocin ƙarya, don a ga birki da taya na gaske.

Lamuran da ake zubawa iri biyu ne. Akwai maimaita abin da mota ta naɗa a titi: a ɗauko bayanan wata rana na kyamara da laida, mai auna nisa da haske, da rada, mai auna shi da siginar rediyo, a sake kunna su ga sabuwar manhaja. Hotunan na gaske ne, don haka wannan ya fi dacewa da gwada gani. Matsalarsa ita ce da zarar sabuwar manhaja ta yi abin da tsohuwar ba ta yi ba, naɗin ya daina aiki. Idan ta taka birki da wuri, motar da ke bayanta a cikin naɗin ba ta sani ba, za ta ratsa ta kamar ba ta nan, a rubuta karon da ba zai taɓa faruwa ba. Sai iri na biyu, lamarin da aka gina da hannu, inda sauran masu amfani da titi ke mayar da martani. Wannan ya fi kyau ga gwada yanke shawara, amma halayen mutanen da ke ciki zato ne na wanda ya rubuta su.

A wurin wannan zaton ne ake asarar rayuka. Daren 18 ga Maris 2018, a garin Tempe na jihar Arizona, motar gwaji ta Uber mai gudun kusan kilomita 70 a awa ta kaɗe wata mata da ke tura keke tana tsallaka titi, ta rasu. Hukumar binciken haɗurran sufuri ta Amurka ta gano cewa na'urorin motar sun hango ta sakan 5.6 kafin karo. Manhajar ta yi ta sauya mata suna, yanzu mota, an jima abin da ba a sani ba, an jima keke, kuma duk sauyi sai ta watsar da tarihin motsinta, ta kasa hasashen inda ta nufa. Tsarin bai tanadi mai tsallaka titi a inda ba a shata wurin tsallakawa ba. Da ta gane haɗari saura sakan 1.2, an tsara ta ta dakata sakan ɗaya kafin ta taka birki mai ƙarfi, don gudun birkin banza. An kuma kashe birkin gaggawa na Volvo da motar ta zo da shi, mai sa ido a kujerar direba kuma hankalinta na kan waya. Ka duba wannan da idon ɗan Kaduna: tsallaka titi a inda babu alama shi ne yadda kusan kowa ke tsallakawa a Tudun Wada da Rigasa da Kawo.

A 2 ga Oktoba 2023 a San Francisco, wata mota mai direba ta kaɗe wata mata ta jefa ta gaban tasi mai tuƙa kanta ta kamfanin Cruise. Tasin ta taka birki, amma ta ɗauka an buge ta ne daga gefe, sai ta nemi ta gangara bakin titi, ta ja matar da ke ƙarƙashinta kimanin mita 6. Jihar California ta dakatar da izinin kamfanin a watan. Darasin ga mai gwaji shi ne kada lamari ya tsaya a lokacin karo, a bar shi ya ci gaba a ga abin da motar za ta yi bayan nan. Sai na Disambar 2023 a Phoenix, inda motocin Waymo biyu, ɗaya bayan ɗaya cikin 'yan mintuna, suka bugi wata a-kori-kura da janwe ke ja ta baya kuma a karkace. Inda motar ta fuskanta daban, inda take tafiya daban, hasashen manhajar ya rikice. A Fabrairun 2024 kamfanin ya sanar da cewa ya gyara manhajar motoci 444. Wannan kamfani ne mai biliyoyin mil a kwamfuta, kuma abin da ya ruɗe shi, mota tana jan mota, mu kullum muna ganinsa da igiya a hanyar Panteka.

Saboda haka sakamakon da aka samu a Phoenix na Phoenix ne. Kowace mota mai tuƙa kanta tana da iyakar yanayin da aka gina ta dominsa: irin titi, gudu, hasken rana, ruwa, da irin masu amfani da hanya. Shaidar da aka tara a cikin wannan iyaka ba ta bin motar zuwa wajenta. Aikinka mafi daraja, a ganina, shi ne ka gina kundin lamuran gwaji na Kaduna, wanda babu kamfanin waje da zai gina maka. Kada ka ɓata shekararka wajen rubuta sabuwar manhajar tuƙi. Ɗauki wadda ke akwai kyauta, irin Autoware ko Apollo, ko ma ƙaramar dabarar birkin gaggawa da ka rubuta, ka mayar da ƙarfinka kan gwajin.

Fara da rubuta iyakarka a shafi ɗaya. Misali, yanki mai tsawon kilomita 2 na titin Ahmadu Bello, da rana, gudu bai wuce kilomita 50 a awa ba, rani da damina. Wanda ya ce zai kwaikwayi Kaduna gaba ɗaya ba zai gama komai ba.

Daga nan sai tara bayani, kuma a nan rabin lokacinka zai tafi. Kyamarar gaban mota mai ɗaukar hoto 30 a sakan, da wata a saman bene mai kallon mahaɗa, da izinin mai gini da na hukuma. Ka auna tazarar wasu alamu a ƙasa da tef, kamar tsakanin turakun fitila biyu, don ka iya mayar da hoto zuwa mita. Abin da ya tafi mita 10 a cikin hoto 36 yana gudun mita 8.3 a sakan, wato kilomita 30 a awa. Ka dusashe fuskokin mutane da lambobin mota kafin ka adana, domin dokar kare bayanan jama'a ta 2023 ta shafe ka. Ka nemi bayanan haɗurra daga hukumar kiyaye haɗurra ta ƙasa da kuma KASTLEA, hukumar kula da dokokin hanya ta jihar Kaduna. Ka zauna da direbobin bas da 'yan a-daidaita-sahu ka tambaye su inda suka fi shan tsoro da dalili. Sun san wuraren da ake kusan karo kullum ba a rubutawa.

Abubuwan da za su fito ka san su. Mai a-daidaita-sahu ya tsaya ba sigina don ya ga fasinja, fasinja ya sauka ta ɓangaren titi. Babur ya biyo hannun da ba nasa ba. Mai kurar ruwa yana turawa a gefen layi da jarkoki. Masu talla suna ratsa tsakanin motoci a cunkoso. Tirela ta lalace a baifas ɗin Nnamdi Azikiwe, alamar da aka sa ita ce ganye da duwatsu a kan kwalta. Jami'i yana ba da hannu a mahaɗa alhali danja na nuna ja, kuma hannunsa ake bi. Direba ya kunna maka fitila, wani lokaci yana nufin wuce, wani lokaci yana nufin kada ka kuskura. Garken shanu a wajen gari. Rodi ya zarce bayan a-kori-kura da mita 2 an ɗaura masa jan tsumma. Ramin da ruwan Agusta ya rufe. Titin da aka tare ranar Juma'a. Layin da fentinsa ya goge. Tufafinmu ma lamari ne: manhajar gani da ta koyi siffar mutum daga hotunan masu wando da riga za ta iya yin rauni ga mai babbar riga ko dogon hijabi, inda ba a ganin rabuwar ƙafafu, ko mai tiren talla a ka. Wannan abin aunawa ne, kuma ya isa aikin kammalawa shi kaɗai.

Kowane lamari ana rubuta shi mataki uku, tsarin da aikin PEGASUS na Jamus, daga 2016 zuwa 2019, ya yaɗa. Da farko da magana: keke, wato a-daidaita-sahu, ya yanko gaban mota daga dama ya tsaya. Sannan da zangon lambobi: gudun motarmu 20 zuwa 50, tazara lokacin da ya shigo mita 3 zuwa 25, gudun keken 10 zuwa 35, ƙarfin birkinsa, riƙon taya da kwalta, nisan gani. Waɗannan misali ne, ainihin zangon daga bidiyonka zai fito. Sannan a zaɓi lamba guda ga kowanne, a sami gwaji ɗaya da kwamfuta za ta gudanar.

Kayan aiki duk kyauta ne. CARLA, manhajar kwaikwayon tuƙi da ta fito a 2017, tana ba ka gari mai hoto da kyamara da laida da rada, ana sarrafa ta da Python, kuma tana son katin hoto mai ƙwaƙwalwar gigabait 8. SUMO ta cibiyar DLR ta Jamus tana kwaikwayon zirga-zirga, ba ta da nauyi. Taswira daga OpenStreetMap, a juya ta zuwa OpenDRIVE, tsarin bayyana wa kwamfuta titi, a rubuta motsin masu amfani da titin da tsarin OpenSCENARIO. Taswirar sai ka gyara ta da hannu, domin faɗin layi da tudun rage gudu da kwalbati da wuraren juyawa sau da yawa babu su ko ba daidai suke ba. Keke mai ƙafa uku, mai tsawon kusan mita 2.6 da faɗin 1.3, da kurar ruwa, sai ka zana su a manhajar zane ta Blender ka shigar.

Ga tarkunan da ke kama masu farawa. A CARLA nau'in 0.9, canza yanayin sama yana shafar hoton kyamara ne kawai. Za ka kunna ruwan sama kamar da bakin ƙwarya, amma taya na riƙe da kwalta kamar busasshiya, laida kuma na gani tar. Dole ka rage riƙon taya da kanka, ka kuma lalata bayanan laida da kanka. Direbobin SUMO na asali masu ladabi ne: suna barin mita 2.5 a tsaye, da tazarar sakan ɗaya a tafiya, kowa a tsakiyar layinsa. Idan ba ka kunna tsarin da ke raba layi gida-gida ba, babur da keke ba za su kutsa ta gefe ba, abin da ka gina ba Kaduna ba ne. Sannan ka sa kwaikwayon ya riƙa tafiya da takun lokaci tsayayye, misali sakan 0.05, yana jiran manhajar tuƙi a kowane taku, ka kuma rubuta lambar caccanka, wato lambar da kwamfuta ke fara zaɓenta na kara-zube da ita. In ba haka ba gwaji ɗaya zai ba ka sakamako biyu, karon da ka gani jiya ya ƙi dawowa yau, ka rasa yadda za ka gyara shi.

Kafin ka yarda da kwamfuta, yi lissafin takarda. Gudun 50 mita 13.9 ne a sakan. A ce daga gani zuwa kamawar birki rabin sakan ne, mita 7 ke nan. Nisan birki shi ne gudu sau gudu, a ma'aunin mita a sakan, a raba da abin da biyu sau riƙon taya sau 9.81 ya bayar, 9.81 ɗin kuwa ƙarfin jan ƙasa ne. A busasshiyar kwalta mai riƙon 0.8, mita 12.3, jimilla 19.3. Idan riƙon ya sauka zuwa 0.4, kamar a ruwan farko bayan rani lokacin da ƙura da mai suka kwaɓe, ko inda yashi ya kwanta a kan titi, birki kaɗai mita 24.6, jimilla 31.6. Idan kwamfutarka ta tsayar da mota a mita 15 a kan jiƙaƙƙen titi, saitinka ne ba daidai ba. A gudun 30 a busasshe, jimillar mita 8.6 ce. Yanzu ka ɗauki yaron da ya fito a guje daga bayan keken da ke tsaye, yana mita 3 a sakan, mita 2 tsakaninsa da hanyar motar. Cikin kashi biyu bisa uku na sakan yana gabanta. Idan motar na gudun 50 kuma tana kusa, babu na'urar ganin da za ta cece shi. Don haka abin da za ka auna a wannan lamari shi ne ko manhajar ta rage gudu ta kuma ba da tazara tun da ta ga abin da ya tare mata gani, kafin yaron ya fito. Ƙwararren direba haka yake yi a gaban makarantar Islamiyya lokacin tashi.

Ka kafa ma'aunin ci da faɗuwa kafin ka gudanar da gwaji, a rubuce. Karo ko rashinsa bai wadatar ba. Rubuta gudun da aka yi karo da shi, mafi ƙarancin tazara, mafi ƙarancin lokacin da ya rage kafin karo, wanda masu bincike da yawa ke ɗaukar ƙasa da sakan 1.5 a matsayin an kusa, da kuma tsananin birki. Ka auna ɗaya ɓangaren ma. Motar da ke taka birki don leda ta gitta, da tankar mai a bayanta, haɗari ce. Wadda ta tsaya a bakin shataletale tana jiran gibin da ba zai zo ba ta toshe hanya, kuma za ta sa na bayanta su yi ganganci. Manhajar da ba ta motsawa ba ta karo, don haka dole a sa lokacin isa da yawan birkin banza cikin maki.

Ba za ka iya gwada kowane haɗi ba. Abubuwa 10, kowanne da ƙima 10, haɗi biliyan 10 ne. Ko da sakan ɗaya kowanne ke ci, ka haura shekara 300. Abin da ake yi shi ne a fara da 'yan ɗaruruwan gwaji da aka baza ko'ina cikin zangon, a ga inda ci ke komawa faɗuwa, sannan a tattara sauran gwaji a kan wannan iyaka. Ana kuma sa wata manhaja ta riƙa neman haɗin da ya fi kayar da motar da gangan. Masu bincike a Jami'ar Michigan sun wallafa a mujallar Nature a 2023 wata hanya da ke koya wa motocin da ke kewaye lokacin da za su yi ganganci, suka ce ta hanzarta gwaji sau 1,000 zuwa 100,000. Sai dai a yi wa mai neman kayarwar linzami: idan aka bar shi, zai sa babur ya faɗo daga inda babu mai iya kaucewa. Shi ya sa ake kwatanta sakamako da abin da direba mai lura zai iya yi a lamari guda. Abin da ya gagari kowa a ware shi, abin da direba nagari zai kauce wa amma manhaja ta kasa shi ne aibi.

Ka yi hattara da fassara sifili. Idan ka yi gwaji 1,000 babu faɗuwa, abin da lissafi ya ba ka dama ka ce, da tabbacin kashi 95, shi ne yawan faɗuwa bai wuce 3 cikin 1,000 ba, wato uku a raba da yawan gwajin. Wannan ma sai idan an zaɓo gwaje-gwajen daidai da yadda suke aukuwa a titi. Lamarin da mota za ta haɗu da shi sau 50 a rana, uku cikin dubu adadi ne mai ban tsoro.

Na'urorin gani su ne inda kwamfuta ta fi nisa da gaskiya. Hazon hunturu, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, ba hazon ruwan Turai ba ne da aka fi kwaikwaya. Ƙura tana dusashe launi, tana kwanciya a kan gilashin kyamara, tana mayar wa laida haskenta daga iska har ta ga ɗigogin abin da babu, tana kuma rage nisan da take kaiwa. Rada mai aiki a gigahaz 77 ba ta damu da ƙura sosai ba, amma siginarta na karo da jikin tanka da ƙarfen gada ta nuna motar da babu, kuma kwaikwayonta a manhajojin kyauta ya fi gaskiya tsabta nesa ba kusa ba. Rana mai faɗuwa a idon kyamara, da fitilar tirela da dare, su ma hoton kwamfuta ba ya kama zafinsu. Hanya mafi gaskiya ga ɗalibi ita ce ya raba aikin biyu. Gwada gani da bidiyon Kaduna na gaske, ka fitar da alƙaluma: a mita nawa ake fara gane keke, kashi nawa ake kuskure, jinkirin nawa ne. Sannan ka zuba waɗannan kurakurai cikin kwaikwayo don gwada shawara. Ka ƙara da lalata abubuwa da gangan: ɗauke hoton kyamara na rabin sakan, gusar da GPS da mita 3 a ƙarƙashin gadar Kawo, saɓa agogon laida da na kyamara da sakan 0.05, ka ga ko motar ta gane ta makance ta nemi wurin tsayawa lafiya. Ƙa'idar ISO 26262 ta shafi irin wannan lalacewar kayan aiki, ISO 21448 ta 2022 kuma ta shafi inda komai na aiki yadda aka tsara amma tsarin ne bai isa ba, kamar na Tempe.

Sai auna kwaikwayon da zahiri, wanda in babu shi duk abin da ke sama zane ne. Zaɓi lamura 5 zuwa 10 marasa haɗari, ka yi su a rufaffen fili da izini, da mota ta gaske da ƙwararren direba, da mutum-mutumin soso ko kwali, ba mutum ba har abada. Birki daga 20 da 30 da 40, kowanne aƙalla sau biyar, a busasshe da kuma bayan an jiƙa ƙasa. Auna nisan tsayawa da tef, tsananin birki da na'urar auna motsi, ko ta waya ce aka ɗaure ta da kyau. Yanke tun farko bambancin da za ka lamunta, misali kashi 10 cikin 100. In ya wuce haka, duba nauyin mota, iskar taya, yanayin birki da jinkirin kamawarsa, ka gyara kwamfuta ta bi fili. Tayoyin da ke kan yawancin motocinmu ba sababbi ba ne, kwaikwayo kuma da sabuwar taya yake zuwa.

Akwai kuskuren da ke shigowa a hankali. Idan kana gyara manhaja kana sake gwada ta da lamuran nan dai, za ta zama kamar ɗalibin da ya haddace tambayoyin jarrabawar bara. Ware kashi ɗaya cikin biyar na lamuranka, ka ba malaminka ko abokin aikinka ya riƙe, kada a buɗe su sai ranar gwajin ƙarshe. Duk gyaran da ka yi kuma, ka sake gudanar da kundin gaba ɗaya, domin gyaran da ya hana karo da keke yakan haifar da birkin banza a wani wuri. Ka tsara gwajin ya riƙa adana sakamako bayan kowane lamari, saboda in aka ɗauke wuta da tsakar dare ya ci gaba daga inda ya tsaya.

A rahotonka kada ka rubuta cewa motar ba ta da haɗari. Rubuta iyakar da ka gwada, nau'in manhajar tuƙi da na kwaikwayo da lambobinsu, yawan lamura da inda zangonsu ya fito, nawa suka faɗi kuma a wane gudu da tazara faɗuwar ta fara, bambancin da ka samu tsakanin kwamfuta da fili, da jerin abin da ba ka gwada ba, kamar dare da hanyar da babu kwalta. Kowane gwajin da ya faɗi, ka haɗa fayil ɗinsa da saitinsa da lambar caccankarsa, yadda ɗalibin da zai zo bayanka zai kunna shi a kwamfutarsa ya ga karon nan da ka gani, a daidai sakan ɗin da ka gan shi.